Jari Kaɗan, Amalanke Ɗaya: Lissafin Kasuwar Matameye

Mai zuwa Matameye daga Damagaram yakan bi babbar hanyar da ta nufi Maraɗi, idan ya kai Takeita sai ya karya kudu. Daga nan ƙasa take fara sauya kama. Gonaki sun matsu da juna, ƙauye na hangen ƙauye, kuma duk inda ido ya sauka gawo ne tsaye a tsakiyar gona. Da rani, lokacin da sauran itatuwa suka kaɗe, shi yake kore shar. Damina na sauka sai ya zubar da ganye ya bar wa gero rana. Manoman Magarya da Matameye da Mirya sun yi suna wajen raya itatuwan da suka tsiro da kansu a gona, tun daga tsakiyar shekarun 1980, har masu bincike na ƙasashen waje suna zuwa gani. A ganina wannan ma lissafi ne. Gona ƙarama ce, bakin da za a ciyar da yawa, don haka sai an zaɓi itacen da zai ba da taki da abincin dabba ba tare da ya cinye gurbin hatsi ba.

Matameye ce babban garin gundumar Kance, a jihar Damagaram. Ƙidayar jama'a ta 2012 ta samu mutum kusan dubu 400 a gundumar, wadda take cikin yankunan karkara mafi cikar jama'a a Nijar. Kwalta ta ratsa garin ta miƙe zuwa Ɗan Barto, bakin iyakar Najeriya. Ƙetare kaɗan Kwangwalam, sai Daura. Ga kuma fadamun Korama, inda ruwa yake kusa, ana noman rake da rogo da kayan lambu. Kasuwar garin ta dogara da abu biyu ke nan: abin da gona ta bayar, da abin da iyaka ta shigo da shi.

Ranar kasuwa, tun da hantsi amalanken shanu da na jakuna suke kwararowa daga ƙauyuka. Gero da dawa da wake da gyaɗa a layin 'yan awo, rake an jingina shi dami-dami, ga kuka da kuɓewa busassa da barkono a gaban mata, ga harawa da dusa a kusa da kasuwar dabbobi. Daga wancan gefen iyaka kuma kayan roba, atamfa, sabulu, taliya, takalma, kayan gyaran babur. Duk wannan ana ganin irinsa a manyan kasuwannin ƙasar Hausa. Wanda yake son ya ga inda hankalin mutanen garin yake aiki, ya jira la'asar sakaliya ya nufi tasha, lokacin lodi.

A nan ne kowa yake tsaye da abin da ya saya, yana duban motar da za ta kwashe shi. Karen mota yana bisa rufin Hiace yana karɓar kaya, ɗan kamasho yana ƙasa yana ƙirga kawuna, 'yan kabu-kabu suna ɗaure jarkoki da roba, can gefe ana cika dogon baro da buhuna. Irin cinikin da ake ji kusan iri ɗaya ne a kowace mota. Tsohuwa ta ce, "Haba ɗana, dusa ce fa, ba ta da nauyi." Yaro ya ce, "Inna, ai inda ta zauna buhun wake zai zauna." Dukansu biyu gaskiya suka faɗa. Ita tana auna kaya da abin da ta biya, shi yana auna shi da gurbin da ya tare.

Abin da na lura da shi a Matameye, kuma shi ya sa ni wannan rubutu, shi ne mai saye a nan ba da aljihunsa kaɗai yake shawara ba. Iyaka biyu ce a gabansa: kuɗin da ya zo da su, da gurbin da zai zuba kaya, ko amalanke ne, ko bayan babur, ko kwandon da za a ɗauka a ka, ko kusurwar ɗaki a gida. Gwanin ciniki shi ne wanda ya san wacce daga cikin biyun za ta fara tare shi a wannan rana, ya shirya sayayyarsa a kan haka. Wanda bai sani ba yakan koma gida da ɗaya daga cikin hasara biyu: ko kuɗi sun ƙare amalanke bai cika ba, ko amalanke ya cika da kayan da ba su da riba alhali jari yana kwance a aljihu.

Kafin a shiga lissafin, dole baƙo ya koyi yadda ake ƙirga kuɗi. A nan ba a ƙirga sefa tamma-tamma. Da dala ake yi, dala ɗaya kuwa tamma 5 ce. Abin da aka rubuta 100 a jikinsa dala ashirin ne, takardar 500 dala ɗari ce, ta 1,000 kuma jika. Sau da yawa ma ba a ambaton dalar. Mai ƙosai ta ce "ashirin", kowa ya san 100 take nufi. Wato duk yaron da aka taɓa aike sayen magi ya riga ya iya ninkawa da biyar da rabawa da biyar, a ka, cikin ƙiftawar ido, tun bai taka ƙofar lakwal ba.

Wannan ƙirga tana da tsohon tushe. Kafin zuwan Turawa, kuɗin ƙasar Hausa da na daular Damagaram wuri ne, kuma biyar-biyar ake ja da yatsu wajen ƙirga shi, a tara tsibi-tsibi. Jaka ɗaya wuri 20,000 ce. Heinrich Barth, wanda Hausawa suka sani da Abdulkarim, ya tarar a Kano a 1851 ana canza dalar azurfa ɗaya a kan wuri 2,500. Sai dai wuri kuɗi ne mai nauyi, mai cin gurbi. Wani Bature ɗan Ingila, Charles Robinson, da ya ratsa ƙasar Hausa a 1894 zuwa 1895, ya ba da labarin yadda dokinsu ya yi rashin lafiya suka kasa sayar da shi, don kuɗinsa a wuri sai an ɗauki 'yan dako goma sha biyar, ladansu kuwa zai cinye kuɗin dokin har ya nemi ƙari. Fataken da suka yi ta kai da komo tsakanin Kano da Daura da Damagaram da wannan matsala suka rayu: kowane jaki gurbinsa ƙidayayye ne, kuma kuɗin kansu suna neman jakin da zai ɗauke su. Jikokinsu ne yau suke tsaye a tashar Matameye.

Bari mu ɗauki misali. Alƙaluman nawa ne, na tsara su don su fito da hanyar tunanin, ba farashin wata rana ba ne. A ce wani ƙaramin ɗan kasuwa daga ƙauye ya zo da jika 100, amalankensa kuma buhu 10 yake ɗauka. Abu biyu yake sarrafawa. Buhun wake jika 25, idan ya kai gida ya sayar zai ci ribar jika 4. Buhun dusa jika 5, ribarsa jika ɗaya da rabi, don masu kiwon turka suna nema.

Idan ya bi ido, wake zai saya, tunda shi ne mai riba babba. Jika 100 za ta ba shi buhu 4, riba jika 16, gurbin buhu 6 kuma ya koma wayam, shanu sun ja iska. Idan ya ce a'a, dusa ta fi, tunda kowace jika da ya zuba a cikinta ta fi haihuwa (jika 5 ta haifi ɗaya da rabi, alhali a wake sai jika 25 ta haifi 4), to zai cika amalanke da buhu 10 a kan jika 50, ya samu jika 15, rabin jarinsa kuma ya yi yawon banza. Kowanne daga cikin tunanin biyu daidai ne ta fuska ɗaya. Wake ya fi amfanar gurbi, dusa ta fi amfanar kuɗi. Ga mutumin da abu biyun suka yi masa ƙaranci a lokaci guda, mafita sai haɗi.

Haɗin ma akwai wanda ya fi wani. Wake 3 da dusa 5 sun cinye jika 100 cif, buhu 8 ne, riba jika 19 da rabi. Wake 2 da dusa 8 kuwa jika 90 suka ci, amalanke ya cika, riba jika 20, ga sauran jika 10 a aljihu. Wanda ya kashe ƙasa ya fi wanda ya ƙarar da kuɗinsa samu. Wannan shi ne wurin da yake ruɗa sabon shiga, domin zuciya tana ganin kamar jarin da ba a kashe ba asara ne. Idan kuma mutumin ya yarda ya fasa buhu, tunda buhun hatsi wajen tiya 40 ne, ya ɗauki wake biyu da rabi, dusa bakwai da rabi, to kuɗi da gurbi za su ƙare tare, riba ta kai jika 21 da dala hamsin. Daidai ruwa daidai tsaki.

Sauran jika 10 ɗin nan ita ce take bayyana cinikin da ake yi da karen mota. Mutumin da amalankensa ya cika, kuɗi kuma suka rage, ya san buhun dusa ɗaya na ƙari zai kawo masa jika ɗaya da rabi. Saboda haka duk kuɗin dakon da bai kai hakan ba, ya biya ya ci riba. Idan aka nemi jika biyu, ya ce albarka ya juya. Ba taurin kai ba ne ya sa ake daɗewa ana ja-in-ja a kan dala hamsin a gindin mota. Kowane ɓangare ya san ƙimar gurbin a wajensa, ana laluben inda ƙimomin biyu za su haɗu.

Masana lissafi na duniya sun daɗe a kan wannan tambaya. A 1939 wani ɗan Rasha, Leonid Kantorovich, ya wallafa hanyar warware ta bayan wata masana'antar katako a Leningrad ta nemi ya taimaka mata ta rarraba aiki tsakanin injinanta. Aikin ya kai shi ga lambar Nobel ta tattalin arziki a 1975. A Amurka, George Dantzig ya fito da tasa hanyar a 1947 lokacin yana yi wa rundunar sojan sama aikin tsare-tsare. Akwai reshen matsalar da suke kira matsalar jakar matafiyi: jaka ɗaya, kaya iri-iri, kowanne da nauyinsa da darajarsa, wanne za a ɗauka? Sun tabbatar cewa idan kayan suna rabuwa, kamar hatsin da ake aunawa da tiya, amsar tana da sauƙi. Idan kuwa ba sa rabuwa, kamar rago ko keken ɗinki, sai abin ya yi wuya, har kwamfuta takan sha aiki idan kayan sun yi yawa. Da wannan ilimi ake cika jiragen ruwa da na sama a yau. Ban faɗi haka don in ce ɗan kasuwar Matameye yana buƙatar shaidar Turawa ba. Ƙasar nan ba baƙuwar hisabi ba ce. Katsina, wadda ba ta da nisa da nan, ita ta fitar da Muhammad ibn Muhammad al-Fulani al-Kashinawi, wanda ya rubuta littafi a kan lissafin hatimi a 1732, ya rasu a Alƙahira a 1741. Malaman da suke raba gado kuma kullum cikin sulusi da sudusi da sumuni suke. Abin da nake nufi shi ne aikin da ake yi a tasha ilimi ne cikakke, ko da ba a rubuta shi a allo ba.

Rake ne ya fi nuna wahalar gurbi. Dogo ne, nauyi gare shi, mafi yawansa ruwa da ɓawo, kuma idan ya kwana biyu a rana sai ya fara bushewa, zaƙinsa ya juya. Mai sayen rake ba ya fara tambayar farashi sai ya tabbatar da motar da za ta ɗauka da ranar da za ta tashi. Ga shi da iyaka ta uku ke nan, wato lokaci, wadda ba ta damun mai gero. Masu tumatir da kabeji na fadama su ma haka suke. Shi ya sa mutanenmu tun tuni suka koyi rage girman kaya kafin su ɗora shi a hanya: a shanya tumatir ya zama kauɗa, a daka kuka ta zama gari, a matse gyaɗa a fitar da mai da ƙuli-ƙuli. Matameye ta san wannan a babban mataki. A zamanin da gyaɗa ce kan gaba a kayan da Nijar take fitarwa waje, an kafa masana'antar matse man gyaɗa a garin, kuma kamfanin SONARA da gwamnati ta kafa a 1962 shi yake riƙe da cinikin gyaɗar ƙasa. Dalilin kawo injin kusa da gona ai lissafin dako ne, don teku na da nisa ƙwarai, kai mai ya fi kai gyaɗa da ɓawonta sauƙi. Farin 1973 da 1974, da cutar da ta biyo baya ta faɗa wa gyaɗa a 1975, suka karya wannan zamani, wake ya maye gurbi mai yawa a gonaki. Matsar mai dai ba ta mutu ba, ta koma hannun mata a cikin gidaje.

Sai kuma naira. A garin da ke kusa da iyaka haka, kuɗi biyu ne suke yawo, kuma 'yan canji suna zaune da damman takardu a bakin kasuwa. Sefa a ɗaure take da yuro, 655.957 a kan yuro ɗaya, ba ta motsi sai yuro ya motsa. Naira kuwa tana hawa tana sauka. Wajen 2015 jika ɗaya ba ta kai naira 500 ba. A 2024, bayan gwamnatin Najeriya ta saki farashin canji a watan Yunin 2023, ta haura naira 2,000. Ga mai sefa da zai je sayayya Daura ko Mai'aduwa, faɗuwar naira tana faɗaɗa masa aljihu, amma ba ta ƙara wa motarsa ko taku ɗaya. Sai ka ga wanda jiya kuɗi ne suke tare shi, yau gurbi ne, dole ya bar kayan roba masu cika mota ya koma kan ƙananan kaya masu tsada. Ga manomin da yake sayar wa 'yan Najeriya wake ko rago kuwa, abin juyawa yake, domin masu sayensa ne suka talauce. Tambayar farko da ɗan kasuwa yake yi da safe, bayan gaisuwa, ita ce nawa jika take yau.

Iyakar ma takan rufe. Najeriya ta rufe ta daga Agustan 2019 zuwa Disamban 2020. Bayan juyin mulkin 26 ga Yulin 2023 a Yamai, takunkumin ƙungiyar ƙasashen Afirka ta Yamma ya sake rufe ta, sai a Maris na 2024 aka buɗe. A irin waɗannan lokuta babbar mota takan tsaya, kaya su koma bayan babur ta hanyoyin daji, gurbi ya ƙanƙance daga tan-tan zuwa buhu biyu ko uku, kuɗin dako ya yi tashin gwauron zabi. Kayan da ribarsu ba ta iya biyan wannan dako sukan ɓace daga kasuwa gaba ɗaya, kuma galibi kayan talaka ne, masu arha masu girma.

Wannan ya kawo ni ga ɓangaren da ya fi taɓa mini zuciya, wato cefanen gida. Matar da ta shigo kasuwa da dala ɗari biyu ko uku a ƙulle a bakin zane ita ce take yin lissafi mafi tsanani a garin nan, domin kuskurenta ba riba yake ragewa ba, tuwon dare yake ragewa. Sai ta raba kuɗin tsakanin hatsi da mai da daddawa da gishiri da kuka da barkono da sabulu, ta san wanda za a iya haƙura da shi yau da wanda babu makawa. Wani masanin tattalin arziki a Amurka, George Stigler, ya taɓa zama a 1945 ya lissafa abinci mafi arha da zai riƙe mutum shekara guda cikin ƙoshin lafiya, daga cikin nau'in abinci 77. Ya samu dalar Amurka 39.93 a farashin 1939, abincin kuwa garin alkama ne da madarar gwangwani da kabeji da alayyafo da busasshen wake. Da aka gwada hanyar Dantzig a 1947, ma'aikata tara suka duƙufa da injinan lissafi na hannu, suka rage kuɗin zuwa 39.69 kacal. Hatsi, ganye, wake: duk uwar gida a Kance ta san wannan amsa, kuma tana sake fitar da ita kowane mako da sabon farashi, da sharaɗin da Stigler bai saka ba, wato sai yara sun yarda sun ci.

Amma duk iyawarta, akwai harajin da talauci yake ɗora mata. Mai saye da cokali ya fi mai saye da kwalba biya, mai kwalba ya fi mai jarka. Sukarin ƙulli ya fi na tiya tsada idan aka auna, tiya ta fi buhu. Ta san haka sarai. Abin da ya hana ta sari shi ne babu jarin, kuma ko an ba ta rance babu inda za ta adana kayan ba tare da ɓera ko ƙwaro ko buƙatar maƙwabta sun taɓa shi ba. Ita kanta tiyar ba ɗaya ba ce. Akwai babba akwai ƙarama, akwai awon da aka tsaya a baki, akwai wanda aka yi wa tozo har ma'auni ya tare da hannu. Wasu 'yan kasuwa ribarsu duka tana tsakanin tiyar da suka saya da ita a ƙauye da wadda suka sayar da ita a gari. Malamai suna ta jan kunne da Suratul Muɗaffifina a kan tauye mudu, kuma da gaskiyarsu. Ina ganin daidaita tiya a kasuwa aiki ne da ya kamata masu gari da shugabannin 'yan kasuwa su ɗauka da muhimmanci, domin duk lissafin da aka gina a kan awon da ba shi da tabbas, mai ƙaramin ƙarfi ne yake biyan giɓinsa.

Manomi shi ma a wannan tarko yake. Da kaka, lokacin da hatsi ya fi arha, lokacin ne bashi da biki da tufafin yara suke taso masa, sai ya sayar. Da bazara da tsakiyar damina, lokacin da rumbu ya yi ƙasa farashi ya hau, sai ya dawo kasuwa ya sayi abin da ya sayar. Wake ya fi muni, domin ƙwaro yana iya mayar da buhu gari cikin 'yan watanni, don haka ko mai hali yakan yi gaggawar rabuwa da shi. Abu biyu sun ɗan sassauta wannan a kudancin Nijar. Na farko buhun nan mai riɓi uku da ake kira PICS, leda biyu a ciki buhun saƙa a waje, wanda Jami'ar Purdue ta Amurka da cibiyar binciken noma ta ƙasa, INRAN, suka fara yaɗawa daga 2007. Idan aka ɗaure shi da kyau iska takan ƙare a ciki, ƙwaro ya mutu ba tare da an zuba magani ba. Na biyu tsarin jinginar hatsi da aka fara a ƙasar tun ƙarshen shekarun 1990 da tallafin hukumar abinci ta Majalisar Ɗinkin Duniya: ƙungiyar manoma ta kulle amfaninta a sito, asusun lamuni ya ba ta rance a kansa, idan farashi ya tashi a sayar a biya. Ɗaya ya magance wurin ajiya, ɗayan ya magance kuɗi. Inda aka samu ɗaya babu ɗayan, amfanin rabi ne, domin mai buhu mai kyau da bashi ya shaƙe zai sayar da kaka, mai rance da ba shi da ajiya mai kyau kuma ƙwaro zai cinye jinginarsa.

A gefen 'yan awo da masu tebur za ka ga yara maza da mata suna taya iyayensu, suna ba da canji ba tare da sun tsaya tunani ba. Da yawansu idan suka shiga aji, aka rubuta musu lissafin da bai kai wannan wuya ba da Faransanci, sai su yi tsuru-tsuru, har a ɗauka ba su da kai. Wannan yana damuna. A Damagaram aka buɗe makarantar gwaji ta farko mai koyarwa da Hausa tare da Faransanci a 1973, kuma a 2025 sabuwar dokar ƙasa ta ayyana Hausa a matsayin harshen ƙasa. Hanya a buɗe take ga mushen da yake so ya shigo da kasuwa cikin aji, ya fara da dala da jika da tiya waɗanda yaran suka riga suka mallaka, daga nan ya kai su ga alƙaluman littafi.

Yana iya ba su misalin amalanken nan, bayan sun gano wake 2 da dusa 8, sai ya sauya abu ɗaya. A ce an wayi gari wake ya cika kasuwa, buhu ya sauko daga jika 25 zuwa jika 20, a ƙauye kuwa har yanzu jika 29 ake saye. Ribar buhu ta zama jika 9. Yaron da ya haddace cewa haɗi ne kullum ya fi zai ce wake 3 da dusa 7, ya samu jika 37 da rabi. Wani ya ce 4 da 4, jika 42. Amsar kuwa ita ce a zuba jika 100 duka a wake, buhu 5, riba jika 45, a bar dusa inda take, domin yanzu wake ya fi ta amfanar kuɗi da gurbi duka biyun. Mai amalanke zai kama hanyar gida da rabin gurbinsa a buɗe, kuma idan ya samu maƙwabcin da nasa ya cika, sai ya sayar masa da gurbin buhu biyar ɗin a kan duk abin da bai kai jika ɗaya da rabi ba kowanne.